Alamomin furuci a guruf ɗin WhatsApp: me ke isowa, me ke zubewa a hanya?

Duk wanda ya yi karatun harshe a 'yan shekarun nan, ko Hausa yake karanta ko Turanci ko kimiyyar harshe zalla, a BUK ne ko ABU Zariya ko Danfodiyo ta Sakkwato ko wata kwalejin ilimi ta jiha, ya san cewa kwas ɗin ilimin furuci rabinsa a aji ake yi, ɗaya rabin kuma a guruf. Malam zai zana jadawalin baƙaƙe a allo, kafin ka gama kwafe layin tsayau da haɗiyau lokaci ya ƙare wasu 'yan ajin sun tsaya a bakin ƙofa suna jiran ku fita, sai kilas ref ya ce kar kowa ya damu zai tura a guruf da daddare. Kuma zai tura ɗin. Jadawalin IPA, wato haruffan rubuta furuci na duniya, handawut na shekarar da ta wuce, hoton littafin wani da ya iya rubutu, tsofaffin tambayoyin jarrabawa, wani lokaci har da littafi guda sukutum da aka ɗauki hotonsa shafi-shafi. Ni ban ga laifin wannan ba ko kaɗan, don ba ƙaramin taimako ba ne ga ɗalibin da ba shi da kuɗin sayen littafi, laburaren sashensu kuma kwafi ɗaya ne ko biyu ake rububi a kai. Abin da nake so mu duba shi ne, shi wannan fanni yana da wata ɗabi'a da ta sa turawa ta waya take yi masa illar da ba ta yi wa tarihi ko adabi, kuma yawancinmu ba ma lura sai an fito da sakamako.

In ka tura wa mutum bayani kan jihadin 1804, ko da harafi biyu ko uku sun ɓace zai gane abin da kake nufi, hankalinsa zai cike gurbin. Rubutun furuci ba haka yake ba, a can ɗan ɗigo ko 'yar ƙugiya ko ɗan layi a saman wasali shi ne saƙon gaba ɗaya, in ya faɗi to ba sauran abin da ya rage. Dalilin ƙirƙiro shi kenan ma tun farko. A 1886 ne wasu malaman koyar da harsuna a Faris, Paul Passy na jagorantarsu, suka kafa ƙungiyar da ta zama ƙungiyar ilimin furuci ta duniya, wato ƙungiyar IPA, a 1888 suka fitar da haruffansu na farko, manufar kuma ita ce kowane sauti ya samu alamarsa tasa shi kaɗai, ta yadda mutumin da bai taɓa jin harshenka ba zai duba takarda ya san inda zai ajiye harshensa da leɓensa. An yi ta gyaran jadawalin tun daga lokacin, babban gyara a taron Kiel na Jamus a 1989, alama ta ƙarshe da aka ƙara kuma a 2005 ne. To kaga tun a nan ma akwai magana, don jadawalin da ke yawo a guruf ba lallai ne na yanzu ba, kuma in an yanke hoton daga sama inda ake rubuta shekarar gyara, babu yadda ɗan aji ɗaya zai sani.

Mu Hausawa wannan ya shafe mu kai tsaye ta hanyar da mutane da yawa ba su sani ba. Harafinmu na ƙ ya taɓa zama a cikin jadawalin IPA, daga 1989 zuwa 1993, amma ba sautinmu yake wakilta ba, an ba shi ne ga wani haɗiyau, wato baƙin da ake jan iska ciki wajen furta shi, marar ziza, wato tantanin maƙwallato ba ya kaɗawa, sannan aka cire shi. Namu ƙ ɗin tunkuɗau ne, iska waje ake tunkuɗo ta ba ciki ake jan ta ba, kuma a IPA ana rubuta shi da k mai waƙafi a sama, wato [kʼ]. Shi kuwa ɓ da ɗ sun yi dace, yadda muke rubuta su haka IPA ke rubuta su. Saboda haka sai ɗalibi ya ga biyu sun yi daidai ya ɗauka na ukun ma haka ne, ya rubuta ƙofa da ƙ a cikin baka mai kusurwa, wato [ ], inda ake sa rubutun furuci, ya ɗauki hoto ya tura, mutum tamanin su kwafa. Alhali abin da ya kamata ya fito kusan [kʷʼóːɸàː] ne, da leɓantawar da wasalin o ke jawowa, da ɸ ɗin nan tamu ta leɓɓa biyu wadda ba f ɗin Bature ba ce ta leɓe da haƙori.

Kuma ba ƙ kaɗai ba ne, tarkon yana da yawa saboda rubutun boko da IPA sun yi kama sosai har mutum ya saki jiki. Y ɗinmu ta yaro a IPA j ce, [jáːɽòː], ita kuma y a IPA wasali ce, irin wadda Faransawa ke furtawa. J ɗinmu ta jaka [dʒ] ce, c ɗinmu ta cokali [tʃ] ce, alhali c a IPA wani baƙi ne daban, tsayau baganɗe, wato wanda ake tsayar da iska a ganɗa wajen furta shi. Wanda ya zauna a aji ya ji malam yana nanata wannan zai riƙe, amma wanda ya dogara da abin da aka turo masa da tsakar dare ana gobe jarrabawa, duk abin da ya gani shi ne gaskiya a wurinsa.

Yanzu bari mu zo kan ita kanta wayar, don a nan ne abin ya fi rikicewa, kuma ba laifin ɗalibi ba ne. Harafin da kake gani a fuskar waya lamba ce a tsarin Unicode, wayar ce ke nemo zanen da ya dace da lambar a cikin zubin haruffan da ke cikinta ta nuna maka. Alamomin IPA suna da nasu rukuni a Unicode tun farkon tsarin a 1991, a cikin rukunin ne ma ɓ da ɗ ɗinmu suke zaune. Matsalar ita ce in wayar wanda ka tura wa ba ta da zanen wannan alamar, sai ta nuna masa ɗan akwati ko alamar tambaya, kai kana ganin naka lafiya ƙalau shi kuma yana ganin akwatuna, ku yi ta musu kowa na rantsuwa a kan abin da idonsa ya gane masa. Wayoyin yanzu sun rage wannan sosai, manyan alamomi kamar ʃ da ŋ da ɽ yawanci suna fitowa. Inda har yanzu ake shan wuya shi ne inda aka ɗora alama kan alama. Ɗauki dogon wasali mai karin ƙasa, wato wanda murya ke sauka a kansa, a tsarin da masana Hausa suka saba, layi a kwance a saman a, sannan alamar karin ƙasa a saman layin, ā̀ kenan, a wata wayar sai su hau kan juna su dunƙule, a wata kuma alamar ta sama ta zame ta faɗa kan harafin gaba, to kaga karin sautin ya koma wata gaɓar daban. Haka r mai 'yar igiya a sama, r̃, da ake nuna ra-gare da ita, wato r ɗin da ke cikin bara ta roƙo, ba harafi ɗaya ba ce a Unicode, guda biyu ne aka haɗa, shi ya sa in ka danna gogewa wani lokaci igiyar ce kawai ke tafiya ta bar r tsirara ba ka lura ba.

Akwai kuma tsofaffin fayiloli, irin handawut da kundayen digiri da aka buga a shekarun 1990 zuwa farkon 2000 da tsofaffin zubin haruffa na musamman da ba sa bin Unicode. A PDF suna fitowa tsaf tunda zanen na liƙe a cikin fayil ɗin, amma da zarar ka kwafo layi ɗaya ka liƙa a WhatsApp sai ka ga lambobi da manyan haruffa da wasu abubuwan da ba su da kai ba su da gindi, domin a ƙarƙashi harafin S ne aka yi wa zanen ʃ. Shi kansa WhatsApp ɗin yana da nasa karatu da yake yi wa wasu alamomi, tauraro a wurinsa umarnin kaurara rubutu ne, in kuma ya zo a farkon layi da tazara a gabansa sai ya mai da shi ɗigon jeri, mu kuwa a fanninmu tauraro na nufin wannan kalmar ba a faɗin ta haka. Sai ka ga misalin da aka kawo don a ce kuskure ne ya iso ba tauraronsa, ya zama kamar shi ne daidai.

Da mutane suka gaji da wannan sai suka koma hoto, a rubuta a takarda ko a ɗauki fuskar kwamfuta a tura, kuma dabara ce mai kyau, don hoto ba ruwansa da wane zubin haruffa ke wayarka. Sai dai shi ma yana da nasa. WhatsApp na matse hoto don ya rage cin data, in hoton biki ne ba za ka ga bambanci ba, amma jadawalin IPA shafi ɗaya ne da aka cusa wa alamomi sama da ɗari, ɓangaren ƙasa inda ƙananan alamomin ƙari suke kuwa ko a takarda sai ka kusanto da ido. Na sha ganin wanda ke yawo a hannun ɗalibai, hoton kwafin da aka yi daga wani kwafin, an ɗauke shi a karkace a kan benci da inuwar hannun mai ɗauka ta rufe kusurwar wasula, ɗan da'irar da ke nuna rashin ziza da ɗan layin da ke nuna baƙi mai zaman gaɓa duk sun zama ɗigo baƙi iri ɗaya, ɵ da ə da ɘ kuma ba mai iya rabe su. Wani ya sake ɗaukar hoton fuskar wayarsa ya tura wani guruf ɗin, a sake matse shi. Maganin wannan ba wuya gare shi ba wallahi, in ka tura fayil a matsayin dokumen ba a matsayin hoto ba WhatsApp ba ya taɓa shi, kuma tun 2022 yana ɗaukar fayil har gigabait 2, daga 2023 kuma akwai zaɓin tura hoto mai inganci. Mafi sauƙi ma, ita ƙungiyar IPA ta saki jadawalin kyauta a shafinta da lasisin da ya yarda a raba, to me ya sa za mu zauna muna lalube a hoton hoton hoto?

Amma duk waɗannan ƙananan matsaloli ne a ganina, na'ura ce kuma na'ura za ta gyara su. Babbar matsalar wadda ba wayar da za ta gyara mana ita ce, turawa tana raba rubutu da asalinsa. Saƙon da aka turo gaba ba ya zuwa da sunan wanda ya fara rubuta shi, iyaka ka ga 'yar alamar an turo, ko an turo sau da yawa, shi kuwa rubutun furuci ba ya karantuwa sai ka san abu uku: wane tsari mai shi ya bi, furucin wane ne yake rubutawa, kuma zurfin me ya yi niyya. Kamar a miƙo maka ƙwayar magani ne an yar da kwalin da takardar da ke ciki, maganin na iya zama mai kyau amma ba ka san na mene ne ba kuma nawa za ka sha.

Ɗauki maganar tsari. A al'adar nazarin Hausa karin ƙasa ake yi wa alama, karin sama a bar shi haka nan, faɗau kuma, wato karin da ke farawa sama ya faɗo ƙasa, a ɗora masa 'yar hula. A IPA kuwa kowanne da alamarsa, wasalin da ba shi da komai a kai yana nufin ba a nuna karinsa ba ne kawai. Tsofaffin ƙamusoshi ma kowanne da hanyarsa, ta Bargery ta 1934 daban, ta Abraham daban. Tsawon wasali shi ma haka, wani ya ninka wasalin ya rubuta aa, wani ya ja layi a sama, IPA kuma ta sa ɗigo biyu masu kusurwa uku, ː, wanda mafi yawanmu ke musanyawa da ruwa biyu na kibod. Babu wanda ya yi kuskure a cikinsu. Amma in ɗalibi ya tattaro jerin kalmomi daga wuri uku ya zuba a saƙo ɗaya, sai ka ga kuukaa a layin farko, a layin da ke bi masa kuma kúːkàː, mai karatu bai sani ba ko na farkon kuka ne na hawaye mai karin sama-sama, ko kuwa itaciyar kuka ce da aka manta ba a sa mata alama ba. Haka wuyàa ta jiki da wùyaa ta wahala, haka gàrii da ake zaune a ciki da gàarii na tuwo. A rubutun yau da kullum jimla ce ke raba mana gardama shi ya sa ba ma damuwa, amma a jerin kalmomi ba jimla, alamar ce kaɗai madogara.

Maganar furucin wane ne kuwa ita ta fi ci mini rai, domin a nan ne ake zaluntar mutane ba da gangan ba. Bayanin sautukan Hausa da ke cikin littafin jagora na ƙungiyar IPA na 1999, wanda Russell Schuh da Lawan Danladi Yalwa suka rubuta, Hausar Kano ya ɗauka, kuma yawancin abin da ake koyarwa a aji a kanta aka gina shi. Ba laifi, dole a fara daga wani wuri. Sai dai guruf ɗin ba Kanawa ne kaɗai a ciki ba. Basakkwace zai ce hwara inda Bakano ya ce fara, a ƙasar Katsina akwai masu furta ts ɗin sunan garin da wani tunkuɗau mai kama da c, a Nijar da yawa j ɗinsu zuzau ce [ʒ] ba ɗan atishawa [dʒ] ba, a zangunan Kumasi da Ankara kuma da yawa ba sa raba ƙ da k. Akwai ma wuraren da r ɗinmu guda biyu, ra-gare [r] da ra-kaɗe [ɽ], suka zama abu ɗaya a bakin mutane. To sai a tura amsar jinga a guruf, an rubuta bara na yaron gida da [ɽ], bara ta roƙo da [r], wata ɗaliba ta ce ita fa a bakinta iri ɗaya ne, nan take mutum biyar su ce mata ba ta iya ba, ta goge saƙonta ta yi shiru. Alhali ita ce ta yi ainihin aikin ilimin furuci a cikinsu, ta saurari bakinta ta faɗi abin da ta ji, sauran kuwa haddar takarda suka maimaita. Da a ce wanda ya tura jerin ya rubuta a sama cewa wannan furucin Kano ne, da maganar ta zama darasi mai daɗi kan karin harshe maimakon a kunyata yarinya.

Na uku, zurfi. Abin da aka sa tsakanin layuka biyu a jirkice yana nuna ƙwayoyin sauti ne kawai, abin da aka sa a baka mai kusurwa kuma yana nuna yadda ya fito daga baki. Hankali a na farko da n yake, /hánkàlíː/, a na biyu kuma [háŋkàlíː], tunda n ta koma bahanɗiya, wato a hanɗa ake furta ta, saboda k da ke gabanta. A guruf ana yawan zubar da bakan gaba ɗaya saboda wahalar nemo su a kibod, sai mutum biyu su kwana suna gardama kan n da ŋ kowa kuma da gaskiyarsa.

'Yan Turanci ma ba su tsira ba, su nasu ma ya fi yaɗuwa don ya sauko har sakandare saboda ɓangaren furuci na jarrabawar WAEC da NECO. Malamai da masu lesin suna tura jadawalin sautuka 44 na Turancin Ingila, wani kuma ya ɗauko na Amurka daga intanet ya haɗa, sai yaro ya ga /əʊ/ a wannan ya ga /oʊ/ a wancan ya zata sautuka biyu ne zai haddace. Kuma abin takaicin shi ne yaro zai iya zana alamun nan duka a takarda ya ci maki, amma bai taɓa jin an furta masa /p/ da /f/ a jere ya ji inda suka rabu ba, wanda shi ne ainihin ciwon Bahaushe mai koyon Turanci.

Wannan ya kawo ni kan abin da nake ganin mun fi yin asararsa. Mu kan ce gani ya kori ji, amma a wannan fannin ji ne gaba, alamar an yi ta ne don ta tsaya a madadin sauti a lokacin da ba yadda za a yi a aika da sauti a takarda. Yau kuwa ga shi a hannun kowa, ka danna ka riƙe ka yi magana ya tafi. Magabatan wannan ilimi sun yi ta fama da manyan na'urorin ɗaukar murya suna yawo da su gari-gari, irin su Peter Ladefoged da ya yi aiki kan harsunan Afirka ta Yamma, ɗakin ajiyar sautuka na jami'ar UCLA ta Amurka ma har yau akwai Hausa a ciki, mu kuma muna da abin a aljihu amma saƙon murya a guruf ɗin aji sai dai na sanarwar an ɗage lacca. Da kowane jerin kalmomi zai zo da murya a ƙarƙashinsa, mutum ya karanta bàaba na uba, baabà ta uwa, baabaa na rini, a hankali sau biyu-biyu, sannan wani daga Gusau ko Maraɗi ko Azare ya turo nasa, da rabin rikicin da na lissafa a sama ya mutu da kansa, don ko alamar ta zame kunne zai gyara. Kuma ɗalibai mata da yawa da ba sa iya ɗaga murya a aji mai mutum ɗari biyu suna iya yin wannan daga ɗakinsu su tura wa ƙawa ko ƙaramin guruf.

Sai dai a nan ma a san iyaka. Saƙon murya matsattse ne, an tsara shi ne don a gane magana da data kaɗan, yana zubar da wani ɓangare na sautin, wayar kuma tana ƙoƙarin share abin da ta ɗauka hayaniya ce. Don horar da kunne, a ji hawa da saukar murya ko tsawon wasali, ya wadatar sosai. Amma wanda ke rubuta kundin digiri yana son ya auna sauti a Praat, manhajar nan ta kyauta da Paul Boersma da David Weenink suka yi a jami'ar Amsterdam, yana son ya duba fashewar tunkuɗau ko yanayin tantanin maƙwallato a haɗiyau, to bai kamata ya gina aikinsa kan saƙon murya da aka turo masa ba. Ya ɗauka da manhajar da ke ajiye sauti a WAV, wato fayil ɗin da ba ya matse sauti, a ɗaki marar fanka marar ƙarar janareto, in zai aika ya aika a matsayin dokumen. Kuma in muryar wata tsohuwa ce a ƙauye ka ɗauka don bincike, izinin da ta ba ka na bincikenka ne, ba ta ce a watsa ta a guruf mai mutum dubu ba, a tambaye ta tukuna.

Maganar ajiya kuma, WhatsApp ba a yi shi don ya zama laburare ba. Guruf na ɗaukar mutum 1,024, amma a yadda aka saba wanda ya shigo yau ba ya ganin abin da aka tura bara, in waya ta cika abin da ake fara gogewa fayilolin guruf ne, in ta faɗa ruwa ko an sace shi kenan. Shi ya sa duk shekara sai sababbin ɗalibai sun sake roƙon abu ɗaya, kuma duk shekara kwafin da ke zuwa ya fi na bara lalacewa. Telegram ya fi dacewa da wannan aikin tunda fayilolin suna zaune a can ba a wayarka ba, ana iya barin sabon shiga ya ga na baya, ana iya bincike da sunan fayil, gurufansa kuma na ɗaukar har mutum 200,000. Amma gaskiyar magana mutanenmu a WhatsApp suke, can ne gida da kasuwa da makaranta duka, saboda haka abin da ya fi yiwuwa shi ne a ajiye ingantattun fayiloli a wuri ɗaya tsayayye, a Telegram ko Google Drive, a liƙa mahaɗin a bayanin guruf, hira kuma ta ci gaba a inda aka saba. Wajen bugawa ma an samu sauƙi, Gboard na da kibod ɗin Hausa mai ƙugiyoyi kuma yana da na IPA, akwai manhajar kibod ta Keyman ta ƙungiyar nazarin harsuna ta SIL, ga zubin haruffa irin su Charis da Doulos kyauta ga mai kwamfuta, minti biyar ɗin da admin zai ɗauka ya nuna wa mutane yadda ake saita su a makon farko ya fi handawut goma amfani.

Ba zan tsallake maganar littattafai ba ko da ba ta da daɗi. Jadawalin IPA da manhajojin da na ambata masu su ne suka ce a raba, wannan halak ne. Amma littafin tsarin sauti da malami Bahaushe ya ɓata shekaru yana rubutawa da Hausa, wani ma da kuɗin aljihunsa ya buga, in aka ɗauki hotonsa kaf aka watsa, to kasuwarsa da ma 'yar ƙarama ce, ɗaliban nan ne kaɗai masu saye, in sun daina saye ba mai sake bugawa ba kuma mai sha'awar rubuta sabo. Na san halin da ɗalibai ke ciki, na san akwai littattafan da ko kana da kuɗin ba za ka same su a kanti ba tunda sun ƙare tun tuni, don haka ba na ɗora laifin kan ɗalibi shi kaɗai. Marubutan da sassan jami'o'i su ma ya kamata su fitar da kwafin waya mai tsafta a farashi mai sauƙi, tunda ko sun yi ko ba su yi ba wani kwafin yana yawo, gara ya zama nasu ne mai alamomi daidai.

Abin da na fi so in ga an yi kuwa bai fi ƙarfin sashe ɗaya ba. Muna da kalmominmu na fannin da malamai irin su Farfesa Mu'azu Sani Zariya suka kafa aka daɗe ana koyarwa da su, baleɓe, bahanƙe, baganɗe, bahanɗe, hamza, tsayau, zuzau, ɗan hanci, ɗan jirge, kinin wasali, kuma lasisin jadawalin IPA ya yarda a fassara shi a sake tsara shi muddin an faɗi inda aka samo kuma an bar wa wasu su ma su yi amfani da shi. To a zauna a yi shafi biyu kacal, ɗaya jadawalin da sunayen Hausa, ɗaya kuma harafin boko a gefe, alamar IPA a gefe, kalmar misali, da bayanin tsarin karin sautin da aka bi, a rubuta sunan sashen da shekara a cikin jikin shafin inda yankan hoto ba zai cire ba, a haɗa da fayilolin murya na mace da namiji daga Kano da Sakkwato da Katsina da Bauchi da Damagaram. Ɗaliban jami'ar Abdou Moumouni ta Yamai da ke koyon fannin da Faransanci su ma zai yi musu amfani, sai dai a tuna a sa musu ƴ ɗinsu kusa da 'y ɗinmu tunda su haka suke rubutawa.